Darakta a Shagon Iya

Ni, babban darakta kuma marubucin finafinan Yarbawa, yau aka yi wa kallon ɓarawo a unguwar Parkchester.

Na shiga shagon Iya mai amala, na durƙusa na gaishe ta. Na ce ina so in saka 'yarta Bukola a sabon fim ɗina, a ba ni lambarta.

Iya ta ƙura mini ido ta ce, "Darakta, ɗan Bayarabe kwanciya yake yi ya gaida babba. Wannan durƙuson a gaban malamin allo aka koye shi. Wa ya aiko ka?"

To, gaskiya ba wanda ya aiko ni; ni Habu ne mai yankan nama, cikin agbadar aro. Lambar Bukola dai ban samu ba.

Jama'a, in koma in kwanta mata, ko in haƙura?