Malam Sale da Jan Bironsa

Ina cikin ba Inna kunu da safiyar Laraba aka kira ni a waya, aka ce Malam Sale ya rasu bayan sallar Asuba. Innalillahi wa inna ilaihi raji'un. Na ajiye ludayin, na rasa ta inda zan fara faɗa mata.

Malam Sale tsohon magatakardan kotu ne a nan Birnin Kudu. Da ya yi ritaya sai ya kafa tebur a zaurensa, ma'aikatan da aka yi wa canjin wurin aiki suna kai masa kukansu. Ni malamar firamare ce. Shekarun baya aka mayar da ni Fagam, can ƙasar Gwaram, alhali mahaifiyata tana kwance da shanyewar ɓarin jiki, kuma ni kaɗai ce 'yarta mace. In na tafi, ba mai jinyarta. In na ƙi tafiya, na rasa aikina.

Na je masa da takardar koke shafi biyu, wadda na rubuta rai a ɓace, ni a ganina duk wanda ya karanta sai ya zub da hawaye. Ya gyara tabarau, ya ɗauki jan biro, ya bi duk inda na rubuta "wahala" ya soke. Sau tara.

Na ce, "Haba Malam, ai ita ce maganar!"

Ya ce, "Malama Hauwa, duk wanda ya shigo zauren nan a wahale yake. Alƙali ba ya ganin wahala, abin da ke faruwa yake gani. Wa ke juya Inna a kan gado? Sau nawa a yini? Wa ke yi mata wanka?"

Amsoshin da na ba shi ya rubuta, ya haɗa da takardar likita. Da na roƙe shi ya ƙara da cewa ni ma ina fama da hawan jini, sai ya tambaye ni ko ina da shi. Na ce a'a. Ya ce, "To Allah ya tsare ki daga shi, ya tsare takardata daga ƙarya."

Na riga na rantse ba zan taka Fagam ba. Shi ya kafe sai na je na kama aiki, na sa hannu kullum, sannan a shigar da ƙara. Ya ce, "Ranar da kika ƙi zuwa, an bar maganar Inna, an koma maganar kin gudu daga aiki." Na ji haushinsa ƙwarai, har na ce wa mijina tsohon nan ɗan gwamnati ne. Wata uku na yi ina jele, matar maƙwabcinmu tana riƙe mini Inna.

Malam Sale ne ya haɗa ni da lauya. A kotun ma'aikata, lauyan ɗaya ɓangaren ya bincike littafin sa hannu kaf yana neman rana ɗaya da na yi fashi, bai samu ba. Aka umarci a sake duba canjin, aka dawo da ni Wurno, inda nake zuwa in dawo kafin La'asar.

Sai a wurin ta'aziyya matarsa, Hajiya Asabe, ta faɗa mini abin da bai taɓa faɗa ba. Yana saurayi aka tura shi aiki nesa mahaifinsa na kwance. Ya rubuta koke cike da kuka, ba wanda ya amsa, kuma sai bayan an binne tsohon ya iso. Na yi kuka a gabanta, na ji kunyar abin da na taɓa kiransa.

Da na dawo gida na sanar da Inna, ta daɗe tana haɗa kalmomi da harshenta mai nauyi, sannan ta ce, "Wanda ya dawo mini da ke?"

Allah ya jiƙan Malam Sale, ya gafarta masa kurakuransa, ya haskaka kabarinsa. Allah ya ba Hajiya Asabe da 'ya'yansa haƙurin rashinsa, ya zama gatansu. Ya Allah, ka sada shi da mahaifinsa a Aljanna, inda ba a raba kowa da nasa. Amin.