Baba Gamaliel, Wanda Ya Hana Mu Kiran Suna A Kan Dutse

Ƙarfe shida na safen kowace Asabar, ko ana ruwa ko ana ƙanƙara, za ka tarar da Baba Gamaliel Dung a bakin high street na Erdington, jingine da farar motarsa mai cin mutum goma sha biyu, filas ɗin shayi a hammata, yana bin ƙafafun mutane da kallo. Takalmi yake dubawa. Wanda ya zo da silifas ko takalmin biki gida zai koma, ko liman ne ko fasto. Ni ma, Zubaida, ya taɓa korata a 2002, kuma har yau ban gama yafe masa ba.

Litinin zuwa Juma'a porter ne a wani asibiti a nan Birmingham, yana tura marasa lafiya a kan gado daga wannan ɗaki zuwa wancan. Ran Asabar kuwa sai ya kwashe mu, mu da muka zo ƙasar nan muka maƙale tsakanin flat da wurin aiki, ya kai mu duwatsun Edale, inda 'yan uwanmu na Manchester ke sauka daga jirgin ƙasa su same mu. Shekara takwas yana wannan, ba wanda ya sa shi, ba wanda ya ba shi ko takardar yabo. A watan nan gwiwarsa ta ce ta gaji, likita ya goyi bayanta, shi ya sa na ɗauki alƙalami.

Baba yana da dokokinsa, kuma mun sha yi masa dariya a kansu. Ba ya tafiya a gaba, kullum shi ne na ƙarshe. Duk inda aka tsaya ba ya ƙirga mu da ido, sai ya bi mu ɗaya bayan ɗaya ya dafa kafaɗar kowa. Sannan akwai wadda ta fi ba mu dariya.

"Idan hazo ya sauko kuka rasa wani, kada ku kira sunansa," in ji shi. "Ni ma in na fito nemanku, ba da suna zan neme ku ba."

"To da me, Baba? Da text message?"

Sai ya yi murmushi ya gyara igiyar da ba ta rabuwa da jakarsa. Mun ɗauka camfin mutanen Filato ne, don shi ɗan wajen Bukuru ne.

Wata nas 'yar Vietnam da suke shift tare ce ta nuna masa hotunan garinsu: gonakin shinkafa da aka yanka a jikin dutse hawa-hawa kamar matakala, daga ƙasa har inda ido ya gaza. Ya ce sun tuna masa gonakin acca na gida, kuma sai ya taka su da ƙafarsa kafin ya mutu. Shekara biyu muna shiri. A watan Maris na 2006 mu goma sha ɗaya muka sauka a Sa Pa, a arewacin ƙasar, don tafiyar kwana uku a ƙasa ta cikin ƙauyukan mutanen dutsen da ake kira Hmong. Jagorarmu wata mata ce 'yar ƙabilar mai suna Pang, gajeriya, hannuwanta shuɗi da baba kamar na masu rini. A bakin baƙi ta koyi Turanci, kuma da takalmin roba take hawan inda mu muke rarrafe. Ita a gaba, Baba a baya.

A cikinmu akwai Salimatu da mijinta Inusah, Hausawan Kumasi mazauna unguwar Moss Side a Manchester. Salimatu mai aikin kula da tsofaffi ce, mace mai kunya har ta ba ka haushi.

Rana ta biyu bayan azahar muka ratsa wani ƙauye mai gidaje kamar takwas. A ƙofar wani gida na ga tsohuwa a tsaye, ta rungume kaza, ga ƙwai a cikin kwano, tana fuskantar dutse tana kira da wata siririyar murya mai ja. Ba kowa a gabanta. Ta kira, ta saurara, ta sake kira. Pang ta ce mana a hankali mu wuce kada mu tsaya. Akwai marar lafiya a gidan, in ji ta, kuma a wurinsu kurwarsa ce ta ɓace a hanya, shi ne ake kiranta ta dawo gida. Wallahi tsigar jikina ta tashi. Mun yi nisa muryar tana bin mu.

Daga nan hanyar ta koma kunyar gona, faɗinta bai fi tafin ƙafa biyu ba, ruwa a dama, gangare a hagu. Salimatu ta matso ta raɗa mini, "Zubaida, zan ɗan zaga bayan rumbun can, kada ki faɗa wa maza." A lokacin Baba ya duƙa yana ɗaure wa wani takalmi, bai ga fitarta ba. Ni kuma na yi shiru, don na ɗauka minti biyu ne. Laifina ne, kuma na faɗa a gaban kowa.

Hazon bai sauko daga sama ba. Daga ƙasan kwarin ya taso, fari, mai jiƙa kaya, kafin mu ankara ba na ganin wadda ke gabana. Pang ta tsayar da mu a wata bukkar bauna. Baba ya bi kafaɗu. Goma.

Inusah ya manta da duk wata doka. "Salimatu! Salima!" Mu ma muka ɗauka, maza da mata, har dutsen yana mayar mana. Mun yi kusan rabin awa muna ihu, ba amsa. Pang ta ce wa Baba a nan sanyi na sauka da wuri, kuma ƙasa da rumbun nan akwai inda dutse ya zabtare a damina, wanda ya taka wurin bai dawowa. Rigar ruwan Salimatu kuwa tana cikin jakar mijinta.

Ban taɓa jin Baba ya ɗaga murya ba sai ranar.

"Ku yi mini shiru! Duk ku yi shiru!"

"Matata ce fa, Baba!" in ji Inusah, muryarsa ta riga ta dishe.

"Na sani. Tana jin ka, malam. Ba za ta amsa ba. Me kakarka ta ce maka game da kira a daji, in ba ka ga mai kiran ba?"

Dukkanmu mun san amsar, Musulminmu da Kiristanmu, ɗan Kumasi da ɗan Zariya. Ba a amsawa, don ba ka san wa ya ari muryar ba. Mun yi jami'a, mun yi shekaru a Ingila, amma abin yana nan a cikinmu.

Baba ya juyo gare ni. "Malama Zubaida, me za ta ji ta tabbata ba aljani ba ne?"

"A'uzubillahi," na ce. "Addu'ar neman tsari."

"To taho ki yi ta da ƙarfi."

Ya ɗaura igiyar a ƙugunsa, ya ɗaura mini, ya ba Pang bakin. Ya hana kowa ya motsa, ya hana kowa ya ƙara kiran suna. Mu uku muka koma baya a kan kunyar nan, ina karantawa, ruwa na zuba daga hawa zuwa hawa a ƙarƙashinmu ba ma ganinsa. Mun kai rumbun, babu ita. Pang ta tsuguna ta nuna sawu a laka, ya yi ƙasa, wajen zabtarewar.

A nan ne na ji. Can ƙasa ta hagu, inda Pang ta ce babu hanya babu gida, wata murya tana kira, siririya, mai ja. Ban ji kalmar ba. Na ce wa raina tsohuwar ƙauyen ce, sai na tuna ƙauyen yana samanmu ta dama. Addu'ar da na iya tun ina shekara biyar ta ɓace mini fat.

Kai ne ka ɗauka daga inda na tsaya, Baba. Kai dattijon coci, da muryarka ta waƙar Lahadi, ka ci gaba da neman tsarin da ka ji maƙwabtanku na yi ta bayan katanga tun kana yaro a Bukuru. Ba ka yi gaggawa ba, ba ka waiwaya wajen muryar ba. Kana faɗa kana saurarawa. A karo na huɗu wata murya mai rawa ta ƙarasa maka daga ƙarƙashin ƙafafunmu.

Tana zaune a hawa na biyu ƙasa da mu, cikin ruwa har ƙugu, ta toshe kunnuwa da mayafi. Taku bakwai ko takwas a gabanta ƙasa ta ƙare. Baba ya sauka, ya cire rigarsa ya rufa mata, sannan ya dafa kafaɗarta. "Sha ɗaya," ya ce.

Sai da ta sha shayi a bukkar ta yi magana. Ta ce ta ji mu tun farko, ta ji Inusah, amma ta kasa amsawa.

"Don kafin ku fara, wata ta riga ku. Kuma bayan kun yi shiru ba ta daina ba."

"Me take cewa?" na tambaya.

"Lariba. Lariba, taho." Ta dubi mijinta. "Tun da Mma, mahaifiyata, ta rasu ba wanda ya ƙara kira na da sunan nan. Na tashi na bi ta, Zubaida. Sai da na ga ƙasa na raguwa na zauna."

Inusah ya fassara wa Pang. Ta zare farin zare daga jakarta ta ɗaura wa Salimatu a wuyan hannu, ta ɗaura wa Baba. Akwai masu cewa iska ce a cikin gora, ko tsoro ne da sanyi. Ban musa musu ba. Ni dai na san abin da kunnena ya ji, kuma ba na son a tambaye ni.

Sai a makon jiya, a walimar sallamar da aka yi masa a wani zaure a Moss Side, matarsa Mama Margaret ta gaya mini asalin dokar. Yana da yaya mai suna Kaneng. Ta je itace a duwatsun garinsu, hazon damina ya rufe ta. Kwana biyu gari na kiran sunanta, shi ma yana ciki. An same ta a bayan wani dutse da suka wuce sau uku, sanyi ya kashe ta, yatsunta a cikin kunnuwa.

Baba Gamaliel, makiyayin bayan sahu, mun gode. Ka san hanya, amma masu sanin hanya suna da yawa. Kai ka san mu, ka san abin da muke tsoro ko da mun ɓoye shi a ƙarƙashin rigar ruwa, kuma ba ka taɓa raina shi ba. Allah Ya saka maka, Ya sassauta wa gwiwar nan. Ku kuma matasan Perry Barr da Moss Side da kuke rububin wa zai gaji motar, ku gaji igiyar tukuna. Ku koyi tafiya a baya, ku koyi dafa kafaɗa, ku tambayi mutanenku abin da kakanninsu suka hana su.

A wajen walimar Salimatu ta zo da 'yarta mai shekara biyu, wadda ta haifa bayan dawowarmu. Sunan yankanta Hikma, amma ba da shi ake kiranta a gida ba. Yarinyar ta shige ƙarƙashin tebura, uwar ta leƙa ba ta gan ta ba, sai ta dubi Baba ta ce, "Kai kira ta, ka san sunan."

Ashe ita ta riga ni jin labarin. Baba ya ce, a hankali, "Kaneng."

Daga can ƙarshen zauren, inda ba wanda ke ganinta, ta ce, "Na'am."