Ranar da 'yan wasan talabijin suka yanka atamfar Hajiya

Shekarun baya, shagon ɗinkina na nan unguwar Sabo bai fi shekara biyu da buɗewa ba, wasu samarin unguwa suka zo mini da kyamara. Wai wasan talabijin suke shiryawa a kan wata tela da ta fara da keke ɗaya har ta zama mai babban shago, suna son aron shagona na wuni guda. Ko tunani ban yi ba na ce to. Kaina ya kumbura, gani nake tarihina za a haska wa duniya.

Ranar na share, na goge, na rambaɗa kwalli kamar ni ce jarumar. Don shagon ya cika ido, sai na fito da kayan mutane na jera a kan kantar shagon. Ciki har da atamfar wata Hajiya, matar wani mai fataucin goro, wadda ita ta fara kawo mini ɗinki tun ina yi a tsakar gida. Ankon bikin 'yarta ne, daga Kano aka kawo, kowa a dangi turmi ɗaya, ga biki saura kwana tara.

Jarumar tasu kuwa ko zare ba ta iya zura wa allura ba. In ta taka keke, baya yake juyawa. Na daure ina nuna mata. Da azahar na shiga gida in yi salla. Ina dawowa na jiyo ƙarar almakashina. Atamfar Hajiya ce shimfiɗe a tebur, ba awo, ba alli, ko ninkawa ba a yi ba, jarumar tana ratsa tsakiyar fure da almakashi tana yi wa kyamara murmushi. Ashe sau uku suka maimaita, wai ƙarar almakashin ba ta fito da kyau ba.

Na ce, "Innalillahi! Uban wa ya ce ku taɓa wannan?"

Daraktan ya ce, "Anti, no vex, yi haƙuri. Ita ta fi haske a kyamara. Ki haɗe ta kawai, ba tela ba ce ke?"

Ku ji mini rainin hankali! In haɗe! Wallahi ban san lokacin da na fara watso musu fitilunsu da wayoyinsu waje ba. Har mai sayar da amala ta tsallaken titi sai da ta zo ta riƙe ni.

Kwana biyu ina yawon kasuwanni da ƙyalle a hannu, ban samu irinta ba. Na je tashar mota ta Ojoo na ba direba ƙyallen ya kai wa ƙanwata a Kano, ta ce samfurin ya ƙare. Na juya guntayen ta ko'ina, riga ba za ta fita ba sai wannan fure ya kalli sama, wancan ƙasa.

Dole na je gidan Hajiya na durƙusa na faɗi gaskiya. Ta ɗaga guntayen ɗaya bayan ɗaya, sannan ta ce, "Su suka buɗe suka ɗauko, ko ke kika fito da ita?"

Na ce, "Ni ce, Hajiya."

Ta ce, "To."

Shi ke nan fa. Da zagina ta yi, da ya fi mini sauƙi. Na sayo wata atamfar na ɗinka mata, ta karɓa. Ranar biki dangi kaf cikin anko, uwar amarya kaɗai daban, mata sai tambayarta suke ko lafiya.

Da wasan ya fito na zauna na kalla. Wurin yankan nan ko numfashi biyu bai kai ba aka wuce. Don wannan aka lalata mata turmi!

Har yau in na tuna daraktan nan raina ɓaci yake. Amma haushin kaina ya fi, don ni na yi wa shago ado da amanar mutane. Hajiya ba ta taɓa tayar da maganar ba. Muna gaisawa lafiya lau, har ta tambayi yara, sannan ta wuce da ledar ɗinkinta zuwa wajen wani tela a layin baya.