Mma Tahiratu da Ragowar Elhaji

Kafin masu shaguna a Fordham Road su gama ɗaga ƙofofinsu na ƙarfe, Mma Tahiratu tana gaban mai kifi, tana danna tsokar karfasa da ɗan yatsa. In tsokar ta dawo ta ɗauka, in ta lotsa ta ajiye. Daga nan sai bakin titi, jiran bas ɗin da ke gangara babban titin Grand Concourse. Jakarta akwai nauyi: baƙin kaskon ƙarfe, kwalaben yaji, da takalmin roba da take sawa a gidajen mutane. Idan bas ya zo, ƙafar dama take fara ɗorawa, ta ɗan tsaya, sannan ta janyo ta hagu kamar ba tata ba.

Aikinta kula da tsofaffi a gidajensu. Wanka, canjin zanen gado, tuna magani, girki, ɗaga wanda ya fi ta nauyi daga gado zuwa kujera. Da ƙarfinta ta baro zangon Kumasi a Gana, ta zo ƙasar Turawan nan ta faɗa wannan aiki, ga shi ƙarshen watan nan za ta ajiye. Gwiwoyi sun ƙi, baya ya ƙi. Ba wanda zai shirya mata walima. A irin aikinsu, ƙarshen zama da gida waya ce kawai: kada ki je, mutumin ya rasu. Ta sha amsa irin wannan wayar tana tsaye a tasha, da kifi a leda.

Shi kansa girkin kifin nata gadon mamata ne. Na farko wani tsoho ne ɗan Louisiana, Mista Clovis, wanda ya ƙare rayuwarsa a kan keken guragu yana ba da umarni daga ƙofar kicin. Shi ya koya mata girkin mutanen yankinsu da ake kira Cajun: a shafe kifi da mai, a birkiɗa shi cikin garin jan tattasai da barkono da masoro da tafarnuwa da tayim, a bar kasko ya yi zafi har ya fara hayaƙi, sannan a kwantar da shi, kada a taɓa sai bayansa ya yi baƙi. Ranar farko ta ɗauka ta ƙona wa bawan Allah abinci. Da ya mutu, 'yarsa ta ba ta kaskon. Ta biyu wata tsohuwa ce 'yar Indiya a unguwar Parkchester, mai raina hannun kowa, wadda Turancinta bai fi na gaisuwa ba. Da nuni da harara suka yi zamansu. A wurinta Mma ta koyi jiƙa kifi cikin kurkum da citta da ruwan tsamiya, da gasa ƙwayoyin yaji a busasshen kasko har ƙamshi ya tashi kafin a daka.

Ba neman burgewa ya sa ta haɗa biyun ba. Kusan duk tsohon da aka tura ta gidansa, likita ya riga ya hana shi gishiri da magi, abinci ya zame masa kamar magani. Sai ta lura cewa tsamin tsohuwar da ƙaurin tsohon, in suka haɗu a kan farin kifi, harshe yakan manta ba a sa gishiri ba.

Da wannan kifin ta shiga gidan Elhaji Boubacar a unguwar Concourse Village. Mutumin Maraɗi ne, ya yi shekaru yana sayar da huluna da lema a bakin titi kafin ya samu shago. Matarsa ta rasu, ba a jima ba ɓarin jikinsa na hagu ya shanye. 'Yarsa Habsatou kaɗai ke tare da shi, ita kuma kantin magani take aiki, ta fita yana barci, ta dawo yana gyangyaɗi.

Ranar da Mma ta fara zuwa, a bakin ƙofa Habsatou ta tare ta, takalmi ɗaya a ƙafa ɗaya a hannu.

"Mma, wallahi na gaji. Doctor ya ce in weight ɗin Baba ya ci gaba da sauka, yana ta ramewa, tube za su sa masa a ciki, robar abinci, daga nan sai nursing home. Ni ba zan iya barin aiki ba. Shi kuma ya ce da a kai shi gidan ajiye tsofaffi gara a kai shi kushewa."

"Ki tafi aiki, 'yata," in ji Mma. "Zai ci."

Kifin farko, hayaƙinsa ya tayar da ƙararrawar gobara. Mma tana fifita ta da tawul, Elhaji yana kallo daga kujerarsa ta falo.

"Ke 'yar Gana, mi kinka ƙona?"

"Abincinka, Elhaji."

Ya ɗanɗana, ya ƙara. "Kifi ba gishiri, ai salla ce ba alwala."

"Sai ka yi taimama, Elhaji. Likita ya ɗauke ruwan."

Ya yi dariya da rabin bakinsa mai motsi, ya ci. Amma rabi ya ci, ya turo farantin.

Washegari ma rabi. Mma ba ta son almubazzaranci, kuma ƙa'idar aikinsu ita ce abin da mara lafiya ya taɓa ya bari a zubar. Sai ta rage abin da take zuba masa, don ya cinye. Ya ci rabin wannan. Ta ƙara ragewa, ya ƙara barin rabi. Habsatou ma da ta gani, haka ta riƙa yi a ranakun hutunta. Wando ya fara zame masa. Zoben azurfarsa ya koma babban yatsa. Mma ta ɗora wa hannunta laifi: ta ƙara tsamiya, ta rage barkono, ta sauya karfasa da wani farin kifin, ta koma karfasa. Takan zauna a bas da yamma tana tauna abin a ranta har ta wuce tasharta. Ranar komawa asibiti kuwa tana ta matsowa.

Wata Alhamis, tana azumin nafila kamar yadda ta saba, ta zuba masa ɗan yanki wanda bai kai tafin hannun jariri ba. Can ya turo farantin da hannunsa mai lafiya. Ta ɗauka ta nufi kicin, ta taka murfin kwandon shara. A nan idonta ya sauka kan abin da ya bari. Ba dagwalgwalo ba ne irin na wanda abinci ya fita ransa. Ya raba yankin ne tsaf, ya ture tsakiyar, wurin da ya fi tsoka da yaji, zuwa gefen faranti, bai taɓa shi ba.

"Tahiratu."

Bai taɓa kiran sunanta ba sai ranar.

"Na'am, Elhaji."

"Gidan nan ba kowa ne?"

"Kowa kamar wa?"

"Mai cin ragowa."

Ta tsaya, ƙafarta a kan murfin. A Maraɗi, haka ma a zangon Kumasi, maigida ba ya suɗe kwano. Komai ƙanƙantar abin da aka kawo masa, sai ya rage, kuma mafi daɗin wurin yake ragewa, don akwai masu jira a bayan ƙofa. Ita kanta da ragowar mahaifinta ta girma, ita da ƙannenta suna kokawa kan kan kifi. Abin da ta sani tun tana rarrafe, gajiya da daɗewa a gidajen baƙi suka rufe mata ido a kansa. Tsohon ba ƙin abinci yake ba, rabon yara yake cirewa. Ko ƙwayar gero aka ba shi sai ya tsaga ta biyu. Kullum kuma daga kujerarsa yana kallon rabon nan yana faɗawa shara.

Ta ɗauke ƙafarta. Ta janyo kujerar roba, ta zauna gabansa da ƙyar tana dafa gwiwa, ta yi bismilla.

"Ba azumi kike ba?"

"Na nafila ne, Elhaji. Wanda nake yi domin Sa ya ga dalili."

Ya zuba mata ido har ta haɗiye lomar ƙarshe.

"Kai, ya yi barkono paa, ya yi yawa," in ji ta.

"Tun yaushe nike gaya miki? Ku mutanen Gana ba a faɗa muku ku ji."

Washegari ta sauko da babban kwano daga saman kabad, ta cika shi da shinkafa, ta jera kifi a kai kamar na mutum uku. Ya ci rabi. Amma rabin mai yawa ne.

Ba ta ɓoye wa Habsatou ba, har da cewa ƙa'idar aiki ta hana ta cin abincin gidan da take kula da shi, kuma za ta faɗa wa masu tura ta aiki da bakinta. Habsatou ta jingina da firiji.

"Abincin gidanmu ne, Mma, ni na ba ki, duk mai tambaya ya zo wurina." Ta share ido da gefen mayafi. "Ki riƙa rufe mini na yamma. Rabon da in ci ragowar Baba tun ina ƙarama."

Tun daga nan, na rana Mma ke ci, na yamma Habsatou ta tarar a rufe, da safe ta tashe shi ta nuna masa kwanon kafin ta wanke. Azumin Litinin da Alhamis kuwa, wanda Mma ta riƙe tun tana budurwa, ta mayar da shi ranakun da ba ta zuwa gidan.

Elhaji bai warke ba. Hannun hagu yana nan a kan cinya yadda aka ajiye shi. Amma ramar ta tsaya, likita ya jingine maganar sa masa robar abinci, kuma har yau a kujerarsa yake, gefen tagarsa, yana yi wa duk wanda ya shigo tsiya. Kwaku, direban motar da ke kai shi asibiti, shi ke tallabo shi daga keke zuwa mota. Da aka tambaye shi, ƙugunsa ya dafa.

"Tsohon nan ya ƙara nauyi. Ba sai an hau sikeli ba, bayana ya shaida."

Mma Tahiratu, ke ce gishirin gidan da aka hana gishiri. Ke ce kika ɗauko girkin mutum biyu da ba su taɓa sanin juna ba, kika kai shi bakin na uku. Ke ce kika yi kuskure makonni, da kika gane kuma ba ki tsaya kare kanki ba, kujera kika janyo. Mu maƙwabtan Elhaji mun sha ganinki a lif ɗin bene kin jingina da bango idonki a rufe, mu gaishe ki a taƙaice mu fice, ba mu taɓa karɓar miki jakar nan ba. Hannuwan da suka wanke iyayen mutane da yawa a garin nan, yau buɗe kwalbar yaji ma sai kin sa gefen zane.

A makon nan tana nuna wa wadda za ta gaje ta aiki, wata matashiya mai jin Sifaniyanci, mai hanzari da fara'a. Ta koya mata zafin kasko, da yadda ake jiƙa kifin, da buɗe taga tun kafin hayaƙi ya tashi. Ta nanata mata a cika kwano, kada a zubar da saura. Yarinyar ta amsa da gaskiyarta, amma ba za ta ci ragowar ba, kuma ba wanda zai ga laifinta. Da aka gaya wa Elhaji cewa Mma za ta huta, bai ce a roƙe ta ba, bai yi tsiyar da ya saba ba. Ya kalli taga, ya ce, "To na rana fa?"

Wannan tambayar ba Habsatou kaɗai aka yi wa ba. Da yawanmu a benayen nan muke, muna wuce ƙofarsa da ƙofofin irinsa, mu yi sallama daga nesa mu ce Allah ya ƙara sauƙi. Wanda ke da hutun rana, ya ƙwanƙwasa da yunwarsa. Ba a ce ka kawo komai ba. Ka zauna, ka jira dattijo ya turo kwano, ka sa hannu.

Ke kuma Mma, mun gode. Allah ya huci gajiya, ya sassauta wa gwiwoyin nan, ya saka miki da abin da ba mu iya ba. Ki je gida ki miƙe ƙafa. Ko sau ɗaya ki bari wani ya tsaya a kan kasko ya zubo miki, ki ci, ki rage. Mu za mu ci.