Taken Kakanmu a Hanyar Yanbu

Talata, Madina

Biyar da rabi, ana idar da Asuba a Harami, na nufi unguwar Harra ta Gabas wurin Gwaggo Hauwa, ƙanwar mahaifina, wadda kakanmu ya taho da ita Madina tana yarinya. Ni Umara na zo, ashe ita aike ta tanadar mini. Ɗanta Faisal, taubashina, zai ajiye aikin matatar mai a Yanbu ya tafi koyon tsara kiɗa, ranar Alhamis zai miƙa takarda. Ta ce wani Bajapane ne ya juya masa kai, in bi shi in dawo da shi hanya tunda ni ne babba. Ta cika ni da wake da gurasa, ta tura ni motarsa.

Badar

Bakwai da kwata muka tashi. Baƙaƙen duwatsu hagu da dama, a shingen bincike aka duba fasfona aka ce mu wuce. Wa'azi na shirya mai zafi, amma da muka tsaya shan shayi a Badar wajen tara saura, son jin ƙwaƙwaf ya riga shi fita. Na ce wai wane ne wannan Bajapanen da ya hana Gwaggo barci?

Ya nuna mini a waya. Ga mutum da gashi har kafaɗa, ba riga, yana dukan ganguna kamar sun zagi uwarsa. Ya sauya hoto, sai ga shi dai cikin kwat, a natse gaban fiyano, masu goge sun fi a ƙirga suna bin sa. Na sa ya maimaita sau uku. Faisal ya ce da fiyano ya fara tun yana ƙarami. Da mahaifinsa ya rasu ya huce baƙin cikinsa a kan ganga, ya kafa ƙungiyar kiɗan jita mai ƙara, ya yi ta duka har wuyansa ya lalace likitoci suka yi masa aiki. Duk da haka yana rubuta kiɗa a takarda, manyan makaɗa su karanta su buga.

Na ce to kai ma karyewar wuyan kake sha'awa?

Ya amsa da Hausarsa mai gauraye da Larabci, “La, ya Yaya. Wani abu ne a kaina tun ina sagir, tun ina ƙarami, yani ban san daga ina ba. Shi nake so in rubuta.”

Ya buga shi da yatsu a kan tebur. Taken kakanmu ne, sarkin makaɗan garinmu, wanda ya ajiye kalangu ranar da ya taho Madina. Rabona da jin sa tun mahaifina na da rai. Har muka shiga Yanbu goma da rabi taken na kaina, kifin da ya saya mini ma ban ji ɗanɗanonsa ba.

Laraba, Madina

Bas ɗin takwas na biyo, kafin Azahar ina gaban Gwaggo. Ta tambaya ko na shawo kansa. Na buga mata taken a kan faranti. Ta daɗe tana kallon hannuna.

“A bayan Faisal nake buga shi yana jariri, in yana kuka,” in ji ta. “Ban taɓa gaya masa ba. A nan ba mu cewa mu 'ya'yan makaɗa ne.”

Na ji tausayinta ƙwarai. Ta ce in kira mata shi. Da ya ɗauka ta ce, “Ka je. Amma wannan za ka fara rubutawa, ka sa sunan mai shi.”

Asabar, Gusau

Jirgi ya sauke mu Kano da hantsi, La'asar a gida na yi ta. Na gode wa Allah da ya kai ni ya dawo da ni, na gode wa Gwaggo da ta aike ni na kasa. Kalangun kakanmu da Baba ya bar mini rataye a ɗakina na sauko da shi na kai a sauya fata. Maƙwabcina zai tafi Umara wata mai zuwa, ya ce akwai wuri a jakarsa, zai kai wa Faisal.