Kujerun Laka Bakwai

Na Allah ne mu, kuma gare Shi za mu koma. Ranar Talata, tara ga wannan wata, da hantsi, yayanki ya kira ni ya ce kin cika, Mai Laka.

Shekara talatin ina adana zane-zane a gidan baje kolin fasaha. Aikina in hana abu lalacewa. Sai ga ki da gine-ginen ɗanyar laka, ba a gasa su ba, ba fenti, kika girke su a tsakar gidan, kika ce a bar wa ruwan sama. Malaman fasaha suka ce wasan yara ne, su suka laƙaba miki sunan nan Mai Laka. Ni ma na faɗa, a gaban idonki. Kika yi dariya kika ce, "Baba, kai gawa kake gadi a gilashi. Nawa yana da rai, dole ya mutu." Na yi wata guda ba na amsa gaisuwarki.

Amma da tsufa ya sa hannuna ya fara rawa, ke kaɗai kika lura. Kullum kina sammako ki karɓi buroshi ki yi min wuraren da ke son natsuwa, ba ki taɓa gaya wa kowa ba. Da kin yi magana, da tuni an sallame ni.

Yanzu ga aikinki na ƙarshe, kujerun laka bakwai. Shugaban gidan ya sa an lulluɓe su da tamfol, za a gasa su a sa a gilashi. Ya ce duk wanda ya taɓa tamfol ɗin a bakin aikinsa. Yayanki ya amince yana hawaye, ya ce su kaɗai suka rage masa, kuma ban ga laifinsa ba. Amma ni kika riƙe wa hannu a asibiti kika ce, "Baba, kada ka bari su rufe min su."

Tsoro nake ji, ba zan ɓoye ba. A shekaruna ba wanda zai sake ɗaukata aiki. Duk da haka yau da safe na kwance igiyoyin tamfol ɗin, kuma ga hadari ya haɗo.

Allah Ya jiƙan ki, Ya yafe miki, Ya haskaka kabarinki. Allah Ya ba mahaifiyarki da 'yan'uwanki haƙuri. Kai kuma yayanta, ka yafe min, amana ce. In kana son ganinsu, ka taho yanzu, kafin ruwa ya sauko.