Goggo, maimaita mini

Tun ina lise, wato sakandare, na ce sojan sama zan shiga, amma ba tuƙi ba. Hasumiya nake so, inda ake yi wa jirgi magana har ya sauka. Baba ya ce ba zan zauna konkur, jarrabawar shiga, ba sai Kawu ya yarda, don shi ya san aikin. Kawu wan mamata ne, tsohon ma'aikacin rediyo a sojan sama, muna gida ɗaya a Treichville. Shi kuwa kullum amsarsa ɗaya ce, wai yatsuna sun fi kunnena sauri.

Bai taɓa tuƙa jirgi ba, kuma ko a jikinsa. Yakan ba ni labarin zamanin da Turawan da suka koya musu aiki suka tattara suka tafi, aka bar su da 'yan jirage da rediyo mai shuu kamar ana suyar ayabar aloko. Bayan kowane matuƙi, in ji shi, akwai makanikai, masu mai, masu duba yanayi, sannan su. Dokarsu ta farko: duk abin da ka faɗa wa matuƙi sai ya maimaita maka da bakinsa. Ni kuwa ina ji ina latsa portabul, wayata ta hannu, in ce masa ya foyi, wato ba matsala. Sai ya girgiza kai.

Ranar da Goggo, yayar Baba, ta iso daga Najeriya, motarsu ta riga lokacin da muka zata. Ba ta taɓa zuwa Abidjan ba, Faransanci ko bonjur babu. Ta kira daga tashar Adjamé, ana ruwa, Baba yana wurin aiki. Na zari takalmi zan fita, Kawu ya ce in zauna. Ya ce mahaɗar Indénié da ke kan hanya ta cika da ruwa, kafin in kai ta gaji ta bi wani ɗan dako. Ya tura mini kujera.

"Ga jirginki can. Sauke shi."

Na yi anjaye, wato murna har kunne. Tashar nan na san ta kamar ɗakinmu. Sai dai Goggo ba ta karanta mesaj, yatsun nawa ba su da rana. Na kira, na zuba mata bayani tatata: ta fita ta babbar ƙofa, ta yi dama, ta wuce masu sayar da akwati, za ta ga woro-woro, tasin da ake haɗuwa a shiga. Duk abin da na faɗa sai ta ce to. To, 'yata. To.

Da na sake kira, tana tsaye gaban motocin Abobo, wata unguwa can daban, wani yana jan jakarta. Ashe ba abin da ta riƙe. To ɗin nan na kara ne, ba ta so ta nuna wa 'yar ƙaninta ta kasa. Na kalli Kawu, ya mai da ido kan shayinsa.

Na san abin yi, bakina ne ya yi nauyi. A gidanmu yarinya ba ta ce wa babba ya maimaita maganarta, sai ka ce malama da ɗaliba. Amma konkur ɗina na tsaye a Adjamé cikin ruwa, da jaka a hannu.

"Goggo, ki yi mini aikin gafara. Abin da na faɗa, maimaita mini."

Sai ta ce lallai 'ya'yan Abidjan idonsu a tsaye yake. Na ce na ji, a yi mini faɗan a gida, yanzu dai ta maimaita. Na rage gudu, magana ɗaya ɗaya. Na ce ta juya baya, ta maimaita. Na ce ta bar masu akwati a hagu, ta maimaita, ta ce dama, na gyara. Da ta kai, na sa ta miƙa wa direba waya, shi ma na sa shi ya faɗi mahaɗar layinmu da bakinsa. Ya yi dariya ya ce ko ni jandarma ce. Ban kashe wayar ba sai da ta ce tana ganin ruwa ta kowane gefe, na san sun hau gadar shigowa Treichville.

Ta shigo jiƙe sharkaf tana neman mara kunyar da ta mai da ita 'yar aji ɗaya. Na durƙusa na gaishe ta, ta ja mini kunne, sannan ta rungume ni.

Da Baba ya dawo, Kawu ya ce masa a bar ni in zauna konkur. Sannan Kawu ya juyo wurina ya ce daga gobe in fara gudun safe, don akwai gwajin gudu. Ya foyi ta zo har bakina, na haɗiye ta.

"Daga gobe, gudun safe," na ce.